Yadda Lud Ya Zama Kocin Kurame

Mu biyu iyayenmu suka haifa, ni Albina, sai ƙanena Ludvik Havranek, wanda kowa a garin Brodek ke kira Lud. Gonarmu tana yamma da gari, masara da aladu, kamar ta kowa a wannan yanki na Nebraska. Tun yana ƙarami Lud ya fito da abu biyu, murya da tambaya. In ya kira aladunmu da yamma har na maƙwabta sai sun ɗaga kai. Tambaya kuwa, Baba yakan ce da masara ce da tuni rumbunmu ya tsage. Ya taɓa kwance agogon bangon Mama don ya ga abin da ke ƙara a ciki, ya mayar da shi, ya bar ƙusoshi a hannu, agogon kuma ya ci gaba da aiki. Wannan ya fi damunsa fiye da dukan da ya sha, don ya daɗe yana tambaya to mene ne amfanin ƙusoshin.

Zari-ruga shi ne wasan samarinmu, mu dai ƙwallo kawai muke ce masa. Lud ne mai tsayawa bayan sahu ya kira lambobi, a miƙo masa ƙwallo ta tsakanin ƙafafu, ya jefa ko ya ruga da ita. Aiki ne na mai murya, domin mutum goma ke durƙushe suna jiran bakinsa kafin su motsa. Daga sakandare wata kwaleji ta ɗauke shi, ranar Asabar mukan kewaye rediyo a kicin mu ji ana ambaton sunan gidanmu, ana kuma ɓata shi wajen faɗa.

A shekarun nan ne na auri Orval Tiedeman, mai jera haruffa a maɗaba'ar wata jarida a birni. Kurma ne, zazzaɓi ya tafi da jinsa yana ɗan shekara huɗu. Na koyi maganar hannu a wurinsa, kuma duk abin da za ku ji na ce Orval ya faɗa, da hannu ya faɗe shi. Lud bai ƙi mijina ba, amma bai san yadda zai yi da shi ba. Sai ya matso dab da fuskarsa ya yi ta ɗaga murya, kamar kurumta nisa ce. Ranar farko Orval ya jira har ya gama, ya ciro hankici ya share fuska, ya dube ni.

"Gaya wa ƙaninki na gode da wanka," in ji shi.

Na fassara. Lud ya yi dariya har da buga tebur, amma daga nan ba su wuce gaisuwa da miƙa wa juna kwanon dankali ba.

A shekararsa ta ƙarshe a kwaleji wani mutum mai kwat da wando ya zo har gona, ya ce wata ƙungiyar ƙwararru a gabas tana son Lud. Baba ya tambaye shi ko da gaske ana ciyar da iyali da jifan ƙwallo, mutumin ya ce ana yi. Kafin maganar ta nuna sai yaƙi ya isko mu. Aka tura Lud rundunar masu harba igwa, aka kai su Italiya.

Ya dawo bayan yaƙi da ƙafafunsa da hannuwansa, ko tabo babu. Mama ta shafa shi tun daga ka har gwiwa a tashar jirgin ƙasa tana gode wa Allah. Sai a mota muka gane. Baba na yi masa magana daga gaba, shi kuwa yana kallon gonaki ta taga. Kunnen hagu ya mutu murus, na dama saura kaɗan, kuma ya ce akwai wani tsuwwa a cikin kansa da ba ya tsayawa, kamar an bar buta a kan wuta.

Duk da haka ya tafi gabas gwaji. Bai daɗe ba ya dawo. Ya ce hannunsa na nan yadda yake, amma ba ya jin usur, ba ya jin abokin wasa in ya kira shi, ba ya jin takun ƙaton da ke tahowa ta bayansa sai dai ya tsinci kansa a ƙasa. Abin da ya fi ci masa rai shi ne muryarsa. Tunda ba ya jin ta, ba ya iya auna ta. Wani lokaci ya yi tsawa a cikin coci, wani lokaci ya yi ta motsa baki a wurin cin abinci ba mai jin komai. Da ya ga mutane na kallon juna, sai ya daina magana. Ya koma gona yana ba aladu abinci, kuma tambayoyin nan nasa duk suka ɗauke. Wannan ne ya tsorata ni.

Orval ne ya ce mu ɗauko shi wata Asabar. Makarantar kurame ta jiha, inda shi Orval ya yi karatu, tana da wasa da wata sakandare. Na ce anya, mutumin da ƙwallo ta juya wa baya za a kai kallon ƙwallo? Orval ya ce ai ba ƙwallo zai gani ba, abin tausayi zai gani, ko ya san akwai waɗanda suka fi shi shan wuya.

Gaskiyarsa. Malamin kafinta ne ke riƙe da yaran tunda kocinsu ya tafi yaƙi bai dawo ba, mutumin kirki amma bai san kan wasan ba. Aka yi ta tattaka su. Lud ya zauna hannu a ƙirji, hularsa ta rufe ido. Can sai na ga ya ture hular baya. Ya sunkuyo. Ya miƙe ya sauka har bakin fili, ya tsuguna daidai sahun yaran yana leƙe kamar mai duba ramin gafiya. Da ya dawo sai ya yi magana, da ƙarfin da ya sa matan gabanmu suka waiwayo.

"Yaya, me ya sa dukansu suke karkata kai gefe?"

Na tambayi Orval. Ya ce ƙwallo suke kallo mana, in ba su ga ta motsa ba ta yaya za su san an fara? Lud ya ce to shi ke nan, kafin yaro ya juyo da kansa wanda ke gabansa ya riga ya kai masa karo. Ba ƙarfi aka fi su ba, ƙiftawar ido ɗaya aka fi su. Ya tambaya ko an taɓa gwada taɓa juna, Orval ya ce an gwada, kafin taɓin ya kai na ƙarshe an gama wasa. Ya tambaya ko tuta, Orval ya ce ita ma ai kallonta za a yi. Haka suka yi ta yi har bayan mun isa gida, ni a tsakiya, hannuwana suka gaji, miyata ta kusa ƙonewa. Wannan ce hirarsu ta farko tun da na yi aure.

Shugaban makarantar bai yi wata-wata ba da Orval ya kai masa Lud. Ya ba shi ɗaki a gidan kwanan yara, ya ce ya koyar da motsa jiki ya kuma riƙe ƙwallo. Makonnin farko ni ce tafinta. Nakan tsaya gefensa da takalmin roba a cikin taɓo, ya faɗa in mayar da hannu. Yaran suna da shugaba, Delmar Stutz, ɗan manoma mai faɗin kafaɗa, shi ke miƙa ƙwallo daga tsakiyar sahu, kuma shi ne uban tsokana. Shi ya raɗa wa Lud suna, hannu a gaban baki yana buɗewa yana rufewa kamar bakin agwagwa. Lud ya tambaye ni ma'anarsa, na ce masa yana nufin babban malami. Bai yarda ba, ya je ya tambayi Orval, shi kuwa ya gaya masa gaskiya da murna.

Daga nan ya ce ba zai ƙara aron hannuna ba. Kullum bayan cin abincin yamma yana gidanmu, Orval na koya masa. Yatsunsa sun sha karaya a fili, ba sa lanƙwasuwa yadda ake so, Orval yakan ce yana magana kamar mai tuwo a baki. Ranar da ya fara yi wa yaran jawabi da kansa kafin wasa, ya so ya ce musu su yarda da juna. Alamar tana kusa da wata. Abin da ya ce shi ne su auri juna. Delmar ya durƙusa a gaban wani siririn yaro ya kama hannunsa, sauran suka zube ƙasa don dariya. An ci su a ranar, amma tun daga nan suka ɗauke shi nasu.

Kakar farko ba su ci wasa ko ɗaya ba. Maganar karkata kai na nan tana cin Lud. Ya gwada madubi, ya gwada igiya a ƙasa, ya gwada buga ƙafa. Ba wanda ya yi.

Da bazara aka yi bikin ɗiyar Kawu Vaclav, wan Mama, mai ƙungiyar kiɗan polka da ke zagaya bukukuwa. Tun da rana ake rawa a zauren gari, ga tsiran alade, ga kolace, burodin Mama mai cike da 'ya'yan itace. Lud ba ya rawa tunda ba ya jin kiɗa, sai ya zauna ya jingina da dandamalin makaɗa. Ina kallonsa na ga ya ajiye farantinsa ya dafa ƙirji. Ya tashi ya yi taku kaɗan, ya tsaya, ya ƙara gaba, har ya fita ƙofa ya tsaya a tsakiyar titi hannunsa na kan haƙarƙari. Na bi shi na ɗauka ciwo ne.

"Yaya, ina jin babbar gangar nan," ya ce. "Ba a kunne ba, a nan." Ya ce haka igwa take yi musu a Italiya. Bayan kunnensa ya tafi bai taɓa rasa sanin an harba ba, cikinsa ke gaya masa. Shekara da shekaru yana ƙoƙarin manta wannan, bai taɓa kawowa zai yi amfani ba.

Kawu ya ce ganga ba abin wasan yara ba ce, daga ƙasarmu ta asali a Turai kakansa ya zo da ita. Mama ta shiga tsakani, ta tuna masa wasu abubuwa na ƙuruciyarsa da matarsa ba ta sani ba, ya ba da aro. Lud ya shafe damina yana gwaji. Ya jera yaran da ba su tafi hutu ba, ya juya musu baya ga ganga, duk wanda ya ji ya ɗaga hannu. Ya gano ta fi tafiya in ƙasa ta bushe, in an jingina ta da katako, in kuma yaro ya saki ciki bai ƙame ba. Saura makaɗi. Ya gwada ni, ya ce dukana kamar mai lallashin jariri. Orval ya karɓi gula ya sauke mata duka ɗaya, tattabarun rufin makaranta suka tashi. Mutumin da bai san kiɗa ba tun yana ɗan shekara huɗu, shi ya zama makaɗin ƙungiya.

Wasan farko da muka fito da ita, 'yan kallon ɗaya ɓangaren suka yi ta ihu, wai ina amarya. Kocinsu ya je wurin alƙalin wasa ya ce a hana. Alƙali ya yi tunani ya ce shi dai bai san dokar da ta hana ganga ba, ga su ma da masu busa ƙaho a bayansu. Aka jera. Yaranmu suka durƙusa, kowa idonsa a kan wanda ke gabansa. Orval ya buga, sahun ya tashi kamar mutum ɗaya. Ban taɓa ganin haka ba. Suka tura manyan yaran nan baya kamar ana tura ƙofa.

Ba a daɗe ba sauran ƙungiyoyi suka farga cewa su ma ai suna jin gangar, har sun fi mu ji. Suka riƙa tashi tare da ita. Lud ya ji daɗin wannan, don sabuwar tambaya ce. Sai ya tsara cewa ba lallai a tashi a bugun farko ba. Kafin kowane zubi yaran su haɗa kai, a gaya musu na biyu ne ko na uku. Masu kunne kuwa jikinsu ba ya haƙuri, da sun ji dum sai su zabura kafin ƙwallo ta motsa, alƙali ya hura usur ya tura su baya. Delmar yakan ɗaga musu hula ya yi godiya. A wannan kakar makarantar ta ci fiye da yadda aka ci ta, abin da tsofaffin ɗalibai suka ce ba su taɓa gani ba. Lud ya auri Fern, malamar jinyar makarantar, wadda ta ce ta gaji da ɗaure masa yara gara ta ɗaure shi.

Ƙungiya ɗaya ce ta gagare su, ta garin Harlow. Ba su fi wasu ƙarfi ba, amma duk inda ƙwallo za ta bi sai a tarar da su a can suna jira, kuma ganga ba ta ruɗa su. Karo na farko Lud ya ce sa'a ce. Karo na biyu ya daina barci sosai, Fern ta ce yakan jera gishiri da barkono da cokula a tebur yana matsar da su. Ya zargi tsayuwar yaransa, ya ce ko ƙafafunsu ke tona su. Ya sa aka canja. Ya zargi Orval, ya ce ko kafaɗarsa na nuna bugun da za a tashi. Orval ya ce kafaɗarsa ta fi bakin wasu riƙe sirri.

Delmar ne ya warware ta, a shekararsa ta ƙarshe. Ana tsakiyar wasa, sun fi mu maki, aka jera sahu. Akwai wani dogon yaro mai jan gashi a tsakiyar 'yan Harlow da Delmar ya lura ba ya kallon ƙwallo, ba ya kallon fuska, hannuwa yake kallo. Kafin ya sunkuya kan ƙwallo sai Delmar ya dube shi ya yi magana da hannu, a hankali, kamar mai ba da shawara.

"Ɗan'uwa, wandonka ya yage ta baya."

Yaron ya kai hannu baya ya shafa. Sai ya tsaya cak, fuskarsa ta koma kalar gashinsa. Duk ɓangarenmu na 'yan kallo, ɗaruruwan kurame, suka gani a lokaci ɗaya, benci ya ɗauki girgiza don dariya. Mutanen Harlow suna ta waige-waige ba su san abin da ya faru ba.

Na ɗauka Lud zai yi fushi. Da aka tashi, an kuma cinye mu, sai ya ratsa fili ya kamo yaron. Sunansa Virgil Amsden. Iyayensa duka kurame ne, da hannu ya fara magana kafin baki. Ya ce bai taɓa gaya wa kocinsa ba, shi dai in ya ga abin da muka shirya sai ya ce wa abokansa hagu ko dama, su kuwa sun ɗauka baiwa ce. Ya ce ya san bai kyauta ba, amma ta yaya mutum zai ƙi jin abin da ake faɗa a gabansa? Lud bai ko kula da wannan ba. Tambayoyi ya rufe shi da su. In yana lissafi a zuci, da baki yake yi ko da yatsu? In yana mafarki fa? In ya yi fushi wanne ke fara zuwa? Yaron na amsawa da hannu, shi ne karo na farko da abokansa suka ga yana yi.

Ashe iyayen a cikinmu suke zaune, tsofaffin ɗaliban makarantar ne, sun ma san Orval. Uwar ta zo tana share ido, ta ce ɗa nata ne makaranta ma tata ce, duk wanda aka ci ita ce a ciki. Muka kwashe su duka zuwa gidanmu cin abinci.

Shekara ta zagayo, Virgil na nan. Lud ya sa yaransa su matse da'irarsu kafaɗa da kafaɗa, a yi maganar gaskiya a ƙasa daidai ciki, sannan a bar wata 'yar kafa ta ɓangaren Virgil a yi maganar ƙarya a sarari. Virgil ya yi ta tura abokansa hagu ƙwallo na bin dama. Da aka tashi ya tsaya a tsakiyar fili yana haki, ya ɗaga hannu ya ce mana maƙaryata, yana dariya.

Haka aka yi shekaru. Sunan Lud ya fara fita a jaridu, masu horarwa na zuwa kallon yadda yake tafiyar da wasa ba tare da ya buɗe baki ba. Sai tsohuwar kwalejinsa ta neme shi ya zama mataimakin koci. Lokacin an fito da wata na'urar ji da ake sa wa a aljihun riga, waya ta hau zuwa kunne, tana ɗan taimaka masa. Ya zo ya same ni a kicin ya ce yana so ya sani ne kawai, ko abin da ya iya na ko'ina ne, ko na nan ne kaɗai. Na ce ya gaya wa Orval da kansa.

Orval ya kalle shi har ya gama. Sannan ya zura hannuwansa biyu a aljihun wando ya fita tsakar gida. Wanda bai zauna da kurame ba ba zai san nauyin wannan ba, kurma in ya ɓoye maka hannu ya yanke magana da kai ke nan. Daga baya ya ce min an saba, mai ji yakan zo ya koyi abin da zai koya a kansu ya wuce, shi dai ya ɗauka wannan nasu ne. Na ce ai Lud ba mai ji ba ne. Ya ce to shi Lud ɗin mai ji ya ɗauki kansa. Duk Kirsimeti in Lud da Fern sun zo, Orval zai miƙa masa nama, zai zuba masa kofi, amma da ya ajiye buta sai hannu ya koma aljihu.

A kwalejin Lud ya yi abin kirki, ƙungiyar ta ɗauki kofi sau ɗaya yana can. Amma Fern ta gaya min yadda yake dawowa gida a gajiye. Taron masu horarwa a ɗaki mai hayaƙi ake yi, kowa da lofe a baki, babban koci na magana yana fuskantar allo. Na'urar kuwa ba ta zaɓe, ƙarar kujera da ta cokali duk ɗaya take kawo masa. In an yi dariya sai ya yi, bai san abin da aka faɗa ba. Da babban kocin ya yi ritaya kowa ya ɗauka Lud ne, sai aka ba wani. Suka ce masa aikin na bukatar mai amsa tarho da 'yan jarida. Bai yi gardama ba. Ya ce min aƙalla ya sami amsar tambayarsa, abin da ya iya na ko'ina ne, shi ne dai ba na ko'ina ba.

Shugaban makarantar kurame ya aika masa cewa ƙofa a buɗe take. Amma a lokacin Delmar ne koci, ya je ya yi karatu ya dawo, shi ne tsohon ɗalibin makarantar na farko da ya riƙe aikin. Lud ya ce ba zai karɓe daga hannunsa ba. Ya sami wata ƙaramar sakandare a yammacin jiha, garin makiyaya shanu, ya zauna can har ya yi ritaya. Abu na farko da ya yi shi ne ya nemi a haɗa wasa tsakaninsu da makarantar kurame.

Suka zo a bas, tafiyar yini. Lud ya shafe mako yana gargaɗin yaransa a kan gangar, ya ce su toshe kunne da auduga, su kalli ƙwallo kawai. Orval ya ja gangarsa bakin fili, gashinsa ya yi fari, bai ko dubi inda Lud yake ba. Ya buga na farko, rabin sahun Lud suka zabura da audugarsu. Haka aka yi ta yi. Delmar ya ƙaro wasu dabaru da Lud bai san su ba, na ga ƙanena ya bar yaransa ya tsuguna yana kallon na Delmar, baki sake. Aka lallasa shi a gaban mijin yayarsa da ɗalibansa.

Da aka tashi ya tako har inda Orval ke ɗaure ganga. Ya tsaya. Ni ina gefe riƙe da kwandon abinci, ban san inda zan sa idona ba. Orval ya gama ɗaurinsa, ya miƙe, ya dube shi sama da ƙasa, ya ɗaga hannu.

"Ka yi ƙiba."

"Kai kuma ka tsufa, mijin Yaya," in ji Lud. "Bugunka na uku ya yi sanyi."

"Ya ishi yaranka."

Shi ke nan, ba wanda ya ƙara tada maganar. Aka mayar da wasan na kowace shekara, kuma Delmar ya fi cin Lud fiye da yadda Lud ya ci shi.

Da shi da Orval suka yi ritaya, Lud da Fern suka dawo kusa da mu, jinsa ya ƙarasa tafiya, ya jefa na'urar a durowa. Shi da Orval suka haɗa hannu suka sayi wani tsohon kwalekwale, wai za su riƙa kamun kifi a tafki. Ni da Fern mukan zauna a bakin ruwa muna hango su. Da sun jefa ƙugiya sai gardama ta tashi, a kan wani wasa na shekarun baya ko a kan wanda ya fi iya tuƙi, kuma mutum ba ya gardama da sanda a hannu, sai kowa ya ajiye tasa. Sau biyu kifi na jan sandar Orval ya tafi da ita cikin ruwa ba wanda ya lura. Da yamma su dawo da guga wayam, mu biya kasuwa mu sayi kifi mu soya musu.